Gumakan masu kare bauta a majalisar Amurka: a cire ko a bar su?

Abu Hanan: Assalamu alaikum jama'a. Dan Allah ku da kuke bin siyasar Amurka ku warware min wani abu. Ashe Jefferson Davis, mutumin da ya shugabanci jihohin kudu da suka ɓalle suka yaƙi gwamnatin ƙasar daga 1861 zuwa 1865, mutum-mutuminsa yana nan tsaye cikin ginin majalisar dokoki ta tarayya a Washington? Ba bakin titi ba fa, cikin majalisa. Kuma ba shi kaɗai ba har da mataimakinsa Alexander Stephens. Ni abin ya ɗaure min kai wallahi, ka yaƙi ƙasa a ci ka da yaƙi sannan a ɗauko ka a girke a gidan da ake yi mata doka, wannan wane irin lissafi ne

Yarima Kd: Hhhh Abu Hanan garri ya yi tsada, wuta babu, kai kuma gumakan Amurka ne suka hana ka barci

Abu Hanan: Ƙanena in ba ka da abin cewa ka karanta kawai, ba dole

Barista Sadiq: Wa alaikumus salam. Gaskiya ne suna nan, amma ba majalisar ce ta zaɓe su ba, nan ne mutane suke ruɗewa. Akwai doka tun 1864 da ta ba kowace jiha dama ta aiko da mutum-mutumi biyu na 'ya'yanta da suka rasu waɗanda take ganin sun cancanci a tuna da su, jiha 50 kenan guda 100. Mississippi ce ta aiko da Davis a 1931, Georgia ta aiko da Stephens a 1927, Virginia ta aiko da Janar Robert E. Lee, babban kwamandan sojojin kudu, a 1909. A shekarar 2000 kuma aka yi gyara aka ce duk jihar da ta ga dama ta canza nata, majalisar jihar ta amince gwamna ya sa hannu, kwamitin majalisar tarayya ya tabbatar shikenan. To ni a nan nake tsaye, ƙofar a buɗe take, jihar da ta kawo ita za ta ɗauke. In Washington ta fara tsince wa jihohi gwarazansu yau gobe wata jam'iyyar ta hau ita ma ta tsince na wasu.

Maman Ilham: Barista ina gaisuwa. Ni ina zaune a Maryland kuma na shiga ginin nan da yarana, wallahi abin da kake gani a takarda daban wanda ido yake gani daban. Ɗakin da Davis yake a nan aka ajiye Rosa Parks, matar nan da ta ƙi tashi ta ba bature kujera a motar bas a 1955, tana zaune shi yana tsaye da alkyabbarsa. 'Yata ta tambaye ni wai Mama shi wannan me ya yi na kirki, na rasa me zan ce mata don a jikin dutsen ba a rubuta ya mallaki bayi ba, ba a rubuta ya yaƙi ƙasar ba, sunansa ne da sunan jiharsa kawai. To masu cewa tarihi ne kar a goge, wane tarihin yaro ya koya a wurin? Abin da ya koya kawai shi ne wannan babban mutum ne tunda aka ajiye shi nan.

Barista Sadiq: Hajiya ban musa ba. Sai a ƙara allo a gefe a rubuta abin da ya aikata. Haka hukumar tsohon birnin Landan ta yi da gumakan William Beckford da John Cass, waɗanda suka ci ribar bauta, a zaurenta na Guildhall, da fari a 2021 sun ce za su cire, daga baya a shekarar suka janye suka ce a bari a yi bayani.

Maman Ilham: Allo mai layi huɗu a ƙasan mutum mai tsawon ƙofa? Wa zai sunkuya ya karanta Barista, mutane hoto suke ɗauka su wuce

Malam Tanimu: Salamu alaikum. Bari tsoho ya sa baki, don shekarun da Barista ya lissafo su ne maganar gaba ɗaya amma ya wuce su da sauri. An gama yaƙi 1865. Lee ya shiga majalisa 1909, Sanata John C. Calhoun mai kare bauta 1910, Stephens 1927, Davis 1931. Wato Davis sai bayan shekara 66 da ƙare yaƙin. In don jimamin mamata ne me ya hana a yi tun gawa ba ta huce ba? Ku duba me ke faruwa a kudu a wannan tsakanin. Mississippi ta yi sabon tsarin mulki a 1890 wanda aka tsara don a hana baƙar fata jefa ƙuri'a, da harajin zaɓe da jarrabawar karatu, sauran jihohin kudu suka bi sahu. Kuma ɗaya daga cikin manyan da suka tsara wannan kundin, James Z. George, shi ne mutum-mutumi na biyu da Mississippi ta aiko. Kun ga an haɗa, ɗaya ya yi yaƙi don bauta ta ɗore, ɗayan ya toshe wa 'yantattun bayin akwatin zaɓe. To da ake cewa jiha ce ta zaɓa, wace jihar? Majalisar da baƙar fata ba su da ko kujera ɗaya a ciki, a jihar da a lokacin kusan rabin mutanenta su ne. Ba a tambaye su ba. Kuma ƙungiyar matan nan 'ya'yan sojojin kudu da aka kafa 1894 ita ta bi gari gari tana tara kuɗi ana kafa irin waɗannan a harabar kotuna, mutum ya zo neman haƙƙinsa a kotu abin da zai fara gani a ƙofa sojan da ya yi yaƙi don kakansa ya zauna bawa.

Barista Sadiq: Allah ya ƙara wa Malam lafiya, ban ja da wannan ba. Amma yanzu ai baƙar fata suna zaɓe a Mississippi, sun haura kashi ɗaya cikin uku na jihar, kuma a 2020 jihar da kanta ta sauke tutarta mai alamar 'yan tawaye. Hanyar tana aiki, a hankali ne kawai.

Malam Tanimu: A hankali kam. Jihar da ba ta amince da gyaran tsarin mulki na 13 da ya haramta bauta ba sai 1995, takardar ma ba a kai ta inda ya kamata ba sai 2013.

Yarima Kd: Kai!! 2013?? ashe ba mu kaɗai ne fayil ke kwana a ofis ba 😂

Ɗan Gwandu: Ni fa ina da ja a kan tushen maganar. Na ji wani bature a YouTube yana bayani cewa yaƙin ba na bauta ba ne, na haraji ne da 'yancin jihohi, kuma yawancin sojojin kudu talakawa ne ba su da bawa ko ɗaya, garinsu suka kare. Shi kansa Lee ai an ce don Virginia ya yi, ba don bayi ba.

Malam Tanimu: Ɗana ka bar baturen YouTube ka je ka ji daga bakin masu abin. Stephens ɗin nan da ake magana, a watan Maris 1861 a garin Savannah ya tsaya gaban jama'a ya ce sabuwar gwamnatinsu an aza harsashinta ne a kan cewa baƙar fata bai kai bature ba, kuma bauta ita ce matsayin da ya dace da shi. Ba maƙiyinsa ne ya faɗa ba, shi ya faɗa. Takardar ɓallewar Mississippi a farkonta ta ce matsayinsu ɗaure yake da bauta. Tsarin mulkin da suka rubuta wa kansu ya hana a yi duk wata doka da za ta taɓa haƙƙin mallakar bayi. 'Yancin jihohi na yin me? Ƙidayar 1860 ta nuna bayi kusan miliyan 4 a ƙasar. Maganar sojan talaka kuma gaskiya ce da yawansu ba su da bayi, amma ba sojan talaka aka ajiye a majalisa ba, shugaban ne da mataimakinsa da janar-janar. John C. Calhoun ma bai ga yaƙin ba ya mutu 1850, amma shi ne ya miƙe a majalisar dattawa a 1837 ya ce bauta ba sharri ba ce alheri ce. South Carolina ta aiko da shi.

Ɗan Gwandu: To Baba na ji. Amma ai an yafe musu ko? An ce har takardar zama ɗan ƙasa an mayar musu

Barista Sadiq: An mayar, bayan sun mutu. Lee a 1975 zamanin Ford, Davis a 1978 zamanin Carter. Davis ya yi shekara 2 a tsare, an tuhume shi da cin amanar ƙasa amma ba a taɓa yi masa shari'a ba.

Maman Ilham: Yafiya daban karramawa daban dai. Kuma Ɗan Gwandu tunda ka kawo Lee, shi da kansa a 1869 da aka gayyace shi taron sa alamomi a filin yaƙin Gettysburg ƙin zuwa ya yi, ya rubuta cewa gara kar a riƙa fama gyambon yaƙi. Mai abin bai nema ba

Ustaz Na Gwale: Assalamu alaikum warahmatullah. 'Yan uwa ni duk gardamar nan ban ga wurin zamanta ba a wajen musulmi. Ana ta a cire wannan a sa wancan, alhali sassaƙa surar mutum a girke don girmamawa shi ne matsalar tun asali. Wadda da Suwa'a da Yagusa da Ya'uƙa da Nasra da aka ambata a Suratu Nuh, Ibn Abbas ya ce mutanen kirki ne, da suka mutu aka kafa musu alamu a majalisunsu don tunawa, zamani ya ja aka koma bauta musu. Waɗannan salihai ma kenan, ina ga wanda ya sayar da mutane. A kwashe duka ɗarin kowa ya huta.

Abu Hanan: Allah ya gafarta Malam wannan a wajenmu haka ne, amma ƙasar ba da shari'armu take tafiya ba, su a al'adarsu wannan ita ce babbar lambar yabo. Tambayar ita ce a cikin al'adar tasu wa ya cancanta

Ustaz Na Gwale: Na gane. To a ma'auninsu ma wanda ya ce mutum kaya ne bai cancanta ba. Na faɗi nawa, zan tafi makaranta.

Yarima Kd: Ustaz ka manta da na Jacob Zuma da Rochas ya kafa a Owerri 2017, shi ma a haɗa da shi a motar kwashewa

Barista Sadiq: To ga tambayar da har yanzu ba wanda ya amsa min ita da kyau, kuma ita Trump ya yi a 2017 bayan rikicin da aka yi a garin Charlottesville kan cire mutum-mutumin Lee, a ina za a tsaya? George Washington ya mallaki bayi, a gonarsa ta Mount Vernon akwai sama da 300 lokacin da ya mutu. Jefferson ya mallaki sama da 600 a rayuwarsa. Shugabannin Amurka 12 sun riƙe bayi. Mutum-mutumin Virginia na ɗaya ma Washington ne, shi da Lee aka aiko su tare. In ma'aunin mallakar bayi ne to sai a canza wa babban birnin suna, a canza takardar dala ɗaya. In kuma ma'aunin tawaye ne to Calhoun bai yi tawaye ba, Roger Taney bai yi ba, alƙalin alƙalai ne har ya mutu. Kowane layi ka ja sai wani ya tsallake.

Malam Tanimu: Barista wannan tambaya ce ta gaske, ba zan raina ta ba. Ni ma'aunin da nake gani shi ne don me aka ɗaga mutumin. Ka cire bauta daga tarihin Washington, saura ya ja yaƙin 'yanci, ya zama shugaba na farko, ya sauka da kansa bayan wa'adi biyu. Laifin na nan kuma dole a faɗa, amma ba don shi aka karrama shi ba. Ka cire bauta da tawaye daga tarihin Stephens me ya saura da zai sa Georgia ta tsallake duk 'ya'yanta ta ɗauko shi? Taney kuma ai da abu ɗaya duniya ta san shi, hukuncin Dred Scott na 1857, inda ya rubuta cewa baƙar fata ba shi da wani haƙƙi da ya wajaba bature ya mutunta. Kuma ka lura nasa majalisar tarayya ce da kanta ta cire, don ba na jiha ba ne, aka yi doka ƙarshen 2022 aka ce Thurgood Marshall, baƙar fata na farko a kotun ƙoli, ya maye gurbinsa. Jam'iyyun biyu suka yarda, sama ba ta faɗo ba. Layin ba zai taɓa miƙewa sak ba na yarda, akwai waɗanda za a yi ta ja a kansu, amma wahalar yanke hukunci a kan na tsakiya ba ta sa a kasa yankewa a kan wanda ya faɗa da bakinsa.

Barista Sadiq: Na Taney na yarda don hurumin majalisa ne. Na jihohi ne ban yarda ba. Majalisar wakilai ta gwada sau biyu, 2020 da 2021, na biyun ƙuri'a 285 da 120, duka suka maƙale a majalisar dattawa. A wannan tsakanin kuma jihohi suna ta yi da kansu ba tilas. Virginia ta ɗauke Lee a Disamba 2020 ta zaɓi Barbara Johns, yarinyar da tana shekara 16 ta ja yajin ɗalibai a 1951. Florida ta cire janar ɗinta ta kawo malama baƙar fata Mary McLeod Bethune a 2022. Arkansas da 'yan Republican ke mulki ta canza nata duka biyun a 2024, ta kawo 'yar gwagwarmayar haƙƙin baƙar fata Daisy Bates da mawaƙi Johnny Cash. Wanda jiha ta cire da hannunta ba ya dawowa. Wanda aka yi daga sama kuwa kun gani, barikin Fort Bragg mai sunan wani janar na kudu an canza masa suna 2023, 2025 aka mayar da Bragg, aka ce wai wani sojan ne daban mai sunan.

Maman Ilham: Wannan na ƙarshen kam ka kama ni Barista, haka aka yi. Amma ka faɗi me ya tura jihohin. South Carolina ba ta sauke tutar 'yan tawayen nan daga harabar majalisarta ba sai da aka harbe mutum 9 a cocin baƙar fata a Charleston 2015. Lee bai fita ba sai bayan ɗan sanda ya kashe George Floyd. Kullum sai an zubar da jini ake tuna akwai ƙofa, ni wannan ne ke min ciwo

Ɗan Damagaram: Salam 'yan uwa, ina biye da ku tun ɗazu. Mu nan Faransa muka fi sani. Colbert, ministan da aka shirya dokar bayi ta 1685 a ƙarƙashinsa, yana zaune ƙofar majalisar dokokinsu a Paris har da zaure mai sunansa a ciki, a 2020 wani ya watsa mai jan fenti, Macron kuwa tun kafin nan ya fito ya ce jamhuriya ba za ta tumɓuke gunki ko ɗaya ba. Amma ni abin da nake so in ce, laifi tudu ne. Muna ta lissafin na Amurka, nan Nijar sai 2003 aka sa hukuncin bauta a dokar laifuka, kuma 2008 kotun CEDEAO (ECOWAS) ta kama gwamnatinmu da laifin kasa kare Hadijatou Mani da aka sayar tana yarinya. Jiya jiya kenan.

Ɗan Gwandu: Ka ji ko. Mu ma majalisar dokokin Kaduna ai a Lugard Hall take zama

Malam Tanimu: Lugard maganarsa daban ce, ɗan mamaya ne, kuma shi hana farautar bayi ma ya fake da ita ya ci Kano da Sakkwato a 1903, kar mu cakuɗa. Amma Ɗan Damagaram ya taɓa inda ke da zafi. Ƙasar Hausa ta riƙe bayi masu ɗimbin yawa a ƙarni na 19, rinji rinji, kuma bauta ba ta haramta gaba ɗaya a Arewa ba sai 1936. Mu ba ma sassaƙa, sunan titi da makaranta da kirari muke yi. Har yau akwai gidan da za a je neman aure a koma bincike a ce asalinsu kaza ne a fasa, kowa a nan ya san haka. A Legas ma ana wannan ja-in-jar a kan Madam Tinubu da dandalinta.

Abu Hanan: Baba wannan kam sai an buɗe masa zaure nasa daban, in muka shiga yau admin zai rufe gidan nan

Yarima Kd: A buɗe mana, ni ina da tambayoyi

Maman Ilham: Kafin ku tafi can, abu ɗaya da mai zagayawa da mu ya faɗa wanda har yau yake raina. Ginin majalisar kansa da ƙarfin bayi aka gina shi, iyayen gidansu ake biya kuɗin aikin. Mutum-mutumin macen nan da ke can ƙololuwar ƙubba da suke kira 'Yanci, da fari mai zanen hular 'yantattun bayi ya sa mata irin ta zamanin Rumawa, Davis yana ministan yaƙi a lokacin shi ke kula da aikin, ya ce sam a cire, aka sa mata kwalkwali. Kuma cikin waɗanda suka yi aikin zuba tagullar akwai Philip Reid, bawa ne lokacin da ya fara, kafin a ɗora ta a Disamba 1863 an 'yanta bayin Washington. Davis na da mutum-mutumi a ciki, Reid ba shi da shi.

Barista Sadiq: To Hajiya ku da kuke can ku matsa wa 'yan Mississippi. Suna da Hiram Revels, baƙar fata na farko a majalisar dattawa, 1870, daga jiharsu. Suna da Medgar Evers, ɗan gwagwarmayar haƙƙin baƙar fata da aka harbe. Ba rashin mutane ba ne

Maman Ilham: Ni ƙuri'ata a Maryland take Barista, ba ni da ta cewa a Jackson babban birnin Mississippi

Ɗan Gwandu: Tambaya ta ƙarshe, in an cire ina ake kai su? fasawa ake?

Barista Sadiq: A'a, na majalisa kayan jiha ne ake mayar mata. Na Lee gidan tarihi aka kai shi a Richmond. Na Charlottesville ne aka narkar a 2023, shi kuma na gari ne ba na majalisa ba.

Yarima Kd: Tagulla guda aka narkar?? da 'yan jari bola sun ji labari da wuri

Abu Hanan: Yarima je ka sayo garrinka. Baba Tanimu in na buɗe ɗayan zauren da daddare zan yi maka tagin